GUGUWAR TEKU DA AMBALIYAR GULBIN RIMA: ABIN DA YA KAMATA JAMA'AR SAKKWATO SU SANI

Tsakanin birnin Sakkwato da bakin teku akwai tafiyar da ta wuce kilomita 700, saboda haka guguwar teku ba ta isowa wannan ƙasa. Duk da haka akwai dalilai biyu da suka sa ya kamata mutanen Sakkwato su san labarinta. Na farko, da yawa daga cikin manyan guguwoyin da ke rushe garuruwan Amurka, a sararin samaniyar ƙasashen nan na bakin Sahara suke fara haɗuwa. Na biyu, mafi yawan ɓarnar da guguwar teku ke yi, ruwa ne ke yin ta, ba iska ba. Ruwa kuwa mutanen Rima sun san shi, gama waɗanda suka ga damunar 2010 ba su manta ba. Abin da ya sami mazauna gaɓar teku a wasu ƙasashe, da dabarun da suka koya bayan wahala, darasi ne ga mazauna gaɓar gulbi.

YADDA GUGUWAR TEKU KE HAƊUWA

Kowane manomi a ƙasar Hausa ya san hadarin damuna daga gabas yake tasowa, ya nufi yamma. Masana yanayi sun gano cewa wannan hadari ba a warwatse yake tafiya ba. Akwai wasu manyan igiyoyin iska da ke tasowa daga wajen tsaunukan Habasha da ƙasar Sudan, su bi ta Chadi da Nijar da arewacin Nijeriya da Mali, su faɗa Tekun Atlantika ta wajen Senegal. A tsakiyar damuna, kowane kwana uku zuwa biyar sai ɗaya ta wuce.

Mafi yawansu sukan mutu a kan teku ba tare da sun yi kome ba. Amma idan ɗaya ta tarar da ruwan teku da ɗumi, watau ya kai awo 26 ko 27 a ma'aunin zafi, sai tururi ya yi ta tashi yana ƙara mata ƙarfi, iska ta shiga juyawa kamar yadda 'yar guguwar bazara ke yi a fili, sai dai faɗin wannan yakan kai ɗaruruwan kilomitoci. Idan gudun iskar ya kai kilomita 119 cikin awa guda, ta zama cikakkiyar guguwar teku ke nan, kuma da ma tun kafin ta kai haka ake raɗa mata suna don sauƙin shela. Lokacinta a Tekun Atlantika daga farkon watan Yuni ne zuwa ƙarshen Nuwamba, ta fi tsanani a Agusta da Satumba, daidai lokacin da damuna ta nutsa a Sakkwato. Da yake yamma take nufa, gaɓar Nijeriya tana bayanta, sai tsibiran Karibiyan da ƙasar Amurka su ne a gabanta.

ABIN DA TAKE YI WA MUTANEN GAƁA

Iskarta tana yaye rufin gidaje, tana tumɓuke itatuwa da turakun lantarki. Amma abin da ya fi kisa shi ne ruwan da take turowa. Iskar takan tattaro ruwan teku ta tura shi kan ƙasa kamar bango, sa'an nan ga ruwan sama kamar da bakin ƙwarya a bayansa.

Ranar 29 ga Agusta 2005 guguwar da aka kira Katrina ta sauka a kudancin Amurka. A wasu wurare ruwan teku ya taso sama da mita 8. Birnin New Orleans, wanda ke bakin Kogin Misisifi, wani sashe nasa a kwari yake, ƙasa da teku, ganuwar tare ruwa ce kaɗai ke kare shi. Da ganuwar ta fashe a wurare da dama, kashi 80 cikin ɗari na birnin ya nutse. Fiye da mutum 1,300 suka rasu, dukiyar da ta salwanta kuwa an ƙiyasta ta dala biliyan 125.

Abin lura a nan shi ne, an yi gargaɗi, an kuma ba da umurni kowa ya fita daga birnin. Masu mota sun fita. Waɗanda suka rage su ne tsofaffi, da marasa lafiya, da talakawa waɗanda ba su da abin hawa, ba su kuma da inda za su sauka. Dubbai suka taru a babban filin wasa na birnin, suka yi kwanaki cikin ƙarancin abinci da ruwan sha. Ashe ko a ƙasa mai arziki, gargaɗi kaɗai ba ya tsirar da wanda ba a tanadar masa hanyar fita ba.

A nahiyar Afirka ma an ga irin wannan. A watan Maris na 2019 guguwar Idai, wadda ta fito daga Tekun Indiya, ta faɗa wa birnin Beira na ƙasar Mozambik. Fiye da mutum 1,000 suka rasu a Mozambik da Zimbabuwe da Malawi, kuma ruwa bai gama janyewa ba sai cutar amai da gudawa ta ɓulla.

ƘASAR DA TA KOYI DARASI

Babu ƙasar da ta sha wuyar guguwar teku kamar Bangaladash, ƙasar Musulmi manoma shinkafa da masunta, wadda kusan dukanta fadama ce. A watan Nuwamba na 1970, lokacin tana Pakistan ta Gabas, guguwa ta hallaka aƙalla mutum 300,000 cikin dare ɗaya. Da yawansu ba su ji wani gargaɗi ba, waɗanda suka ji kuwa ba su da tudun da za su hau. A 1991 wata ta sāke kashe wajen mutum 138,000.

Gwamnatin ƙasar da ƙungiyar agaji ta Red Crescent suka kafa wani tsari tun 1972, suka yi ta gyara shi shekara da shekaru. An horar da dubban 'yan sa kai a ƙauyuka, maza da mata. Da zarar ma'aikatar yanayi ta ba da labari, sai su kafa tuta, su bi unguwa unguwa da lasifika, a ƙasa ko a kan keke, su kama hannun tsofaffi su kai su mafaka. An gina dubban gidajen mafaka masu tsawo a kan ginshiƙan kankare, waɗanda a sauran kwanaki makarantu ne, don haka kowane yaro ya san hanyarsu. Da guguwar Sidr ta zo a 2007, waɗanda suka rasu 'yan dubbai ne. Da Amphan ta zo a 2020, an kwashe fiye da mutum miliyan 2 kafin ta sauka, mamata a ƙasar ba su kai ɗari ba. Guguwar ba ta rage ƙarfi ba. Mutane ne suka ƙara shiri.

GULBIN RIMA DA GAƁARSA

Sakkwato ba ta da teku, amma tana da gaɓa, watau fadamar Rima. Gulbin Rima yana tattara ruwan Bunsuru da na Gagare daga ƙasashen Katsina da Zamfara, da na Gulbin Maraɗi wanda ke bi ta Jibiya ya shiga Nijar ya komo Nijeriya ta wajen Sabon Birni. Daga nan ya bi ta Goronyo da Wurno, ya haɗu da Gulbin Sakkwato kusa da birni. Shi kuwa Gulbin Sakkwato daga wajen Funtuwa ya taso, ya bi ta Gusau da madatsar ruwa ta Bakolori. Bayan sun haɗu sai su gangara Argungu da Birnin Kebbi, su faɗa Kwara.

Wannan yana nufin ruwan da ke cika fadamar Sakkwato ba lalle ne a Sakkwato aka yi shi ba. Ana iya wuni da rana tsaka a Kware, alhali kuwa ruwan da aka yi kwanaki uku da suka wuce a Katsina ko Maraɗi yana tafe. Wanda ya tsaya duban sama kafin ya yarda da gargaɗi, ya ruɗi kansa.

Sa'ad da Muhammadu Bello ya kafa birnin Sakkwato a 1809, a kan tudu ya kafa shi, yana kallon fadama. Tsofaffin ƙauyuka ma mafi yawa a kan jigawa suke. Amma fadama ita ce arzikin ƙasar: shinkafa da damuna, albasa da tafarnuwa da rake da alkama da rani, ga kifi, ga makiyaya. Da jama'a suka ƙaru, gidaje suka yi ta gangarowa wuraren da a dā gonaki ne kaɗai.

An gama madatsar ruwa ta Bakolori a 1978, ta Goronyo kuwa a 1984. Ta Goronyo tana ɗaukar ruwan da ya ɗan wuce ninkin na Bakolori, daga gare ta ake samun ruwan noman rani da ruwan shan birnin Sakkwato. Madatsa tana tare ambaliyar shekarun da ruwa ya zo daidai, wannan kuwa yakan sa mutane su saki jiki. Amma kowace madatsa tana da iyaka. Idan ta cika, tilas a buɗe ta, don kada ta fashe ta yi ɓarnar da ta fi.

AMBALIYAR 2010

A ƙarshen watan Agusta na 2010 an yi ruwa mai yawa a ƙasashen da ke zubo wa Rima, har madatsar Goronyo ta cika ta kai matsayin hatsari. A farkon Satumba aka buɗe ƙofofinta, ruwa ya ci ƙauyen Kagara da ke ƙasa da ita. Bayan kamar mako guda sai mafitar rarar ruwa ta karye, ruwa ya kwararo fadama gaba ɗaya. Wannan ya zo daidai da ƙarshen azumin Ramalana, mutane suna shirin Ƙaramar Salla.

Ruwan ya bi ta ƙasashen Goronyo da Wurno da Kware da Wamakko da Silame, ya gangara Jihar Kebbi. Gidajen ƙasa suka jiƙe daga tushe suka zube. Rumbuna da rufewoyi suka rushe da sauran hatsin bara a ciki, ga gero ya kusa isa girbi, shinkafa kuwa ta nutse a gona. Awaki da tumaki da kaji da yawa ruwa ya tafi da su. An yi hasarar rayuka, dubun dubatar mutane suka rasa matsuguni, suka koma makarantu da filayen tudu.

A birni, ruwa ya yanke hanyar Kwalkwalawa, wadda ke haɗa Sakkwato da mazaunin Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo. Aka rufe jami'ar, malamai da ɗalibai da mutanen ƙauyukan ƙetare suka koma shiga jirgin ruwa, har aka kafa gada ta wucin gadi. Hanyar Illela, wadda fatake ke bi zuwa Ƙonni, ita ma ta yanke. Yankewar hanya ba ƙaramin abu ba ne, gama ta hanyar ne agaji zai bi, ta nan kuma za a kai mai naƙuda asibiti.

Gwamnatin Jiha, a zamanin Gwamna Aliyu Magatakarda Wamakko, da Hukumar Ba da Agajin Gaggawa ta Ƙasa, watau NEMA, da ƙungiyar Red Cross, da ƙungiyar likitocin nan ta MSF wadda da ma tana aiki a Goronyo, duka sun kai ɗauki: abinci, da tabarmi, da barguna, da gidajen sauro, da magani. Amma kafin kowace mota ta iso, masunta da masu jiragen ruwa ne suka fara tsamo mutane, 'yan'uwa da ke tudu su suka fara ba da masauki. Haka abin yake a ko'ina cikin duniya: maƙwabci shi ne mai agaji na farko.

Ba a Sakkwato kaɗai abin ya tsaya ba. A 2012 ambaliya ta ci jihohi da yawa na ƙasar nan, mutum 363 suka rasu, fiye da miliyan 2 suka bar gidajensu. A 2020 ta cinye gonakin shinkafa masu yawa a Jihar Kebbi. A 2022 mamata sun wuce 600. Ranar 10 ga Satumba 2024 madatsar Alau ta ɓalle, ruwa ya shiga birnin Maiduguri da dare. Hausawa na cewa in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

MASIFA TA BIYU

Idan ruwa ya janye, ba a gama ba. Ambaliya takan cika masai ta kwashe ƙazantarsa ta zuba cikin rijiyoyi. Daga nan amai da gudawa ke fitowa, musamman inda mutane suka cunkushe a sansani. A shekarar 2010 ɗin nan wannan cuta ta kashe fiye da mutum 1,500 a Nijeriya, mafi yawa a Arewa. Kududdufan da ruwa ya bari kuma sukan haifi sauro, zazzaɓin cizon sauro ya ƙaru ga yara da mata masu ciki. Macizai ma tudu suke gudowa, inda mutane suke.

Sa'an nan ga yunwa. Manomin da ya rasa amfanin damuna da irin shuka tare, ya rasa shekara biyu ke nan, in ba a taimake shi ba. Don haka agajin da ya fi amfani bayan makonnin farko shi ne iri da taki da injin ban ruwa, domin damshin da ambaliya ta bari a fadama ya zama na noman rani.

AIKIN HUKUMA

Gwamnatin Tarayya ta kafa NEMA a 1999, jihohi kuma suna da nasu hukumomin agajin gaggawa. Hukumar kula da yanayi ta ƙasa, NiMet, tana fitar da hasashen damuna a farkon kowace shekara. Hukumar kula da ruwan koguna, NIHSA, tana bayyana ƙananan hukumomin da ake jin tsoron ambaliya a cikinsu. Madatsun Goronyo da Bakolori suna hannun Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima.

Labari dai yana samuwa. Inda aikin yake shi ne ya isa kunnen mutumin ƙauye da wuri, cikin harshen da yake ji, daga bakin wanda ya yarda da shi. A nan Sakkwato tana da abin da ƙasashe da yawa ba su da shi, watau tsarin sarauta da ya taso daga fadar Mai Alfarma Sarkin Musulmi, ya bi ta uwayen ƙasa da hakimai, ya kai ga masu unguwanni, ga kuma limamai da masu shela da gidajen rediyo da wayar hannu. Abin da ya wajaba shi ne:

1. Kafin a buɗe ƙofofin madatsa, a sanar da uwayen ƙasar da ke ƙasa da ita, a faɗi ranar da sa'ar.

2. Kowane gari na fadama ya san tudun da zai koma tun kafin damuna, ko makaranta ce ko fili, a kuma tanadi rijiya ko famfo da masai a wurin.

3. Mai unguwa ya riƙe sunayen tsofaffi da guragu da makafi da mata masu tsohon ciki, a sa wa kowannensu matasan da za su ɗauke shi.

4. Sarkin ruwa ya san yawan jiragen da ke ƙasarsa da masu tuƙa su, a kuma hana lodin da ya wuce kima, gama kifewar jirgi ta sha cin rayuka a waɗannan gulabe.

5. A yashe magudanun ruwa na birni kafin ruwan fari, a hana zuba shara a ciki, a hana gini a kan hanyar ruwa.

AIKIN MAGIDANCI

Hukuma ba za ta iya shiga kowane gida ba. Ga abin da ya rataya a wuyan maigida:

1. Ya saurari rediyo a watannin Agusta da Satumba. In an yi shelar tashi, ya tashi da rana, kada ya jira dare.

2. Ya fara fitar da yara da mata da tsofaffi, sa'an nan dabbobi, sa'an nan kaya. Kada ya bar dabba a ɗaure a turke.

3. Ya ajiye irin shuka da wani abu na hatsi wurin ɗan'uwa a tudu. Takardun gona da na gida da na makarantar yara ya ƙulle su cikin leda wuri ɗaya.

4. Kada kowa ya kwana a ɗakin ƙasa wanda tushensa ya sha ruwa, ko da ruwan ya janye, gama bangon yakan faɗi bayan kwanaki.

5. Kada a ratsa ruwa mai gudu. Wanda bai kai gwiwa ba yana iya kayar da ƙato, wanda ya kai gwiwa yana iya ɗauke ƙaramar mota. A nisanci wayar lantarki da ta faɗi cikin ruwa.

6. A tafasa ruwan sha ko a sa masa maganin tsarkake ruwa, a wanke hannu da sabulu bayan kewayawa da kafin cin abinci. Rijiyar da ambaliya ta shiga, sai an kwashe ta an sa mata magani kafin a sha.

7. Wanda gudawa ta kama, a fara ba shi ruwan gishiri da sukari nan da nan: lita ɗaya ta tafasasshen ruwa da ya huce, da ƙaramin cokali shida na sukari a shafe, da rabin ƙaramin cokali na gishiri. A ci gaba da ba shi a kan hanyar zuwa asibiti. Jariri kuwa kada a fasa ba shi nono.

8. Kowa ya kwana cikin gidan sauro, ko a sansani ne.

Wasu sukan ƙi tashi don ƙaunar gidan gado, ko tsoron ɓarayi, ko su ce abin da Allah ya ƙaddara ba makawa. Gaskiya ne rai da ajali a hannun Allah suke. Amma malamai sun karantar cewa tawakkali ba ya hana riƙo da sababi, kuma tsare rai wajibi ne a kan kowane Musulmi. Ɗaki in ya faɗi ana tayar da wani da rani, gona in ta nutse ana sāke shuka ta.

Ruwan da ke ɓarna a Satumba shi ne ke ciyar da fadama a Janairu, ba kuwa wanda zai ce mutanen Rima su rabu da gulbinsu. Abin da ake bukata shi ne kowane gari ya zauna tun da bazara, gaban hakiminsa da limaminsa, ya amsa tambayoyi uku: wa zai kawo labari, ina za a tafi, wa zai ɗauki wanda ba ya iya tafiya. Garin da ya amsa su kafin hadarin fari ya taso, in Allah ya yarda ko ruwa ya ci gidajensa, ba zai ci mutanensa ba. Allah ya ba da damuna mai albarka, ya kiyaye bayinsa, amin.